Tambayoyi da Amsoshi kan Jan Ƙasa, Natsuwa da Warware Matsala

Waɗannan su ne tambayoyin da ɗalibai da iyayensu suka fi yi min a darasin fiziks na yamma da nake koyarwa a nan Zariya, ga masu shirin WAEC da JAMB da 'yan shekarar farko a jami'a. Na haɗa batutuwa uku wuri ɗaya saboda a aji ba sa rabuwa. Yawancin yaran da fiziks ke kayarwa suna da kai sarai. Gaggawa da firgici ne ke cinye su tun kafin su gama karanta tambaya, kuma darasin jan ƙasa ne wurin da hakan ya fi fitowa fili.

Malam, mene ne jan ƙasa a taƙaice?

Duk wani abu mai jiki yana jan ɗan'uwansa zuwa gare shi. Duniya tana jan ka, kai ma kana jan ta, rana tana jan ku gaba ɗaya. Isaac Newton, mutumin Ingila, shi ya fitar da lissafin abin a 1687, kuma ƙa'idar ta tsaya a kan abu biyu. Na farko yawan jikin abubuwan biyu, wanda a aji muke kira mas: in ya ƙaru, jan ya ƙaru. Na biyu nisan da ke tsakaninsu. In ka ninka nisan sau biyu, jan zai koma kashi ɗaya cikin huɗu. In sau uku ne, ɗaya cikin tara.

Ƙarfi ne mai rauni ƙwarai. Ajiye buhun masara biyu masu kilo 100 kowanne, mita ɗaya a tsakaninsu: suna jan juna, amma jan bai kai ko kusa da nauyin ƙwayar gero ɗaya ba. Abin da ya sa muke jin na duniya shi ne girmanta, domin mas ɗinta ya kai kilo 6 da sifiri 24 a gabansa. Sai a 1798 Henry Cavendish ya iya auna wannan ɗan ƙaramin jan a cikin ɗaki, da dunƙulallen dalma da sanda rataye a siririyar waya.

Ashe ba maganaɗisu ne a cikin ƙasa yake jan mu ba?

A'a. Maganaɗisu yana kama ƙusa da allura, ba ya kama itace ko ruwa ko naman jikinka. Yana ja, yana kuma turewa. Jan ƙasa ba ya zaɓe, kuma ja kawai yake yi. Gaskiya ne duniya tana da nata maganaɗisun, shi ne ke juya allurar kamfas ta fuskanci arewa, amma wannan wani ƙarfi ne dabam.

Abu mai nauyi bai fi marar nauyi saurin faɗowa ba?

Kusan kowa haka yake zato, kuma masana sun yi kusan shekara dubu biyu a kan wannan zaton tun daga Aristotle, masanin Girka na da. Galileo na Italiya ne ya rushe shi, ya wallafa sakamakonsa a 1638. Da yake ba shi da agogon da zai kama saurin faɗuwa, sai ya riƙa gangaro ƙwallon tagulla a kan katako mai gangare don ya rage wa abin gudu, yana auna lokaci da ruwan da ke zuba daga mazubi. Wannan dabara ita kanta darasi ce: in matsala ta fi ƙarfinka, nemi ƙanwarta wadda za ka iya aunawa.

In ba don iska ba, komai tare yake faɗowa. Gudun abin da aka saki yana ƙaruwa da kusan mita 9.8 a sakan, a kowane sakan. A sakan na farko zai yi mita 4.9, a ƙarshen na biyu ya yi 19.6, a ƙarshen na uku 44.1.

Wadda ta taɓa sheƙa hatsi ta ga aikin iska da idonta: tsaba ta sauka a tabarma, ƙaiƙayi ya yi gefe. Gwada wannan yanzu. Ɗora 'yar takarda a saman littafi mai kauri, kada ta fito ta gefensa, ka sake su tare. Littafin zai tare mata iska, su isa ƙasa lokaci ɗaya. A 1971 ɗan sama jannatin Amurka David Scott ya saki guduma da gashin tsuntsu a doron wata, inda babu iska, suka dira tare.

To me ya hana wata faɗowa a kanmu?

Faɗowa yake yi, bai taɓa dainawa ba. Wannan ita ce tambayar da na fi so a yi min.

Ɗauka ka hau Dutsen Kufena ka yi jifa. Dutsen da ka jefa zai lanƙwaso ya sauka. Ƙara ƙarfi, ya sauka can gaba. Da za ka iya jefa shi da gudun kusan kilomita 8 a sakan, babu iska babu tsaunin da zai tare shi, to gwargwadon yadda yake lanƙwasowa ƙasa haka doron duniya zai riƙa lanƙwashewa a ƙarƙashinsa. Zai yi ta faɗuwa bai taɓa ƙasa ba har ya zagayo inda kake. Halin da wata ke ciki ke nan, kuma haka kowane tauraron ɗan Adam yake.

Newton bai tsaya a hasashe ba, ya gwada da lissafi. Nisan wata daga nan kusan kilomita 384,400 ne, wato wajen sau 60 na nisan da ke tsakaninmu da tsakiyar duniya. In ƙa'idarsa gaskiya ce, jan da ke kan wata zai gaza na nan sau 60 sau 60, wato sau 3,600. Ke nan abin da dutse ke faɗowa a sakan ɗaya a tsakar gidanku, mita 4.9, shi wata zai faɗo a minti ɗaya. Da aka lissafa daga kewayen da wata ke yi wa duniya cikin kwana 27 da 'yan sa'o'i, sai lambar ta fito daidai. Jinjirin watan da muke fita nema ranar 29 ga Sha'aban da mangwaron da ke faɗowa a bayan gida doka ɗaya suke bi, kuma ɗan sakandare zai iya tabbatar da haka da biro da takarda.

In duniya dunƙulalliya ce, me ya sa na ƙarƙashinmu ba sa zubewa?

Domin duk inda mutum yake, ƙasa a wurinsa ita ce wajen tsakiyar duniya. Wurin da ke daidai ƙarƙashin Zariya yana cikin tekun Pasifik, kusa da tsibiran Samowa. Masuncin da ke can ƙafafunsa na fuskantar namu, kuma shi ma sama tana bisa kansa. Da yawa daga malaman Musulunci na da ba su yi gardamar wannan ba. Albiruni, kimanin shekara dubu da suka wuce, ya hau tsauni a yankin Punjab ya auna yadda gaɓar sama ke sunkuyawa, daga nan ya lissafa girman duniya, amsarsa kuma ta zo kusa da kilomita 6,371 da muka sani yau daga doro zuwa tsakiya.

'Yan sama jannati da ke yawo a iska, can babu jan ƙasa ke nan?

Akwai, kusan kashi 90 cikin 100 na wanda muke ji a nan, domin tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa kilomita 400 kacal take bisa kanmu. Su da tashar tare suke faɗuwa, suna zagaya duniya cikin kusan minti 90. Tunda daɓen da ke ƙarƙashinsu ma faɗuwa yake, babu abin da ke tokare ƙafarsu, shi ya sa ba sa jin nauyi.

Mene ne haɗin wannan duka da natsuwa?

Tarihin gano jan ƙasa cike yake da mutanen da amsa ta zo musu lokacin da suke zaune shiru. Labarin tuffa ya samo asali ne daga Newton kansa, wanda ya ba abokinsa William Stukeley a 1726 cewa tunanin jan ƙasa ya zo masa ne da tuffa ta faɗo daga bishiya, yana zaune a lambu cikin zurfin tunani. Lokacin annoba ce ta 1665 zuwa 1666, an rufe Jami'ar Cambridge, ya koma ƙauyensu. Albert Einstein, masanin fiziks haifaffen Jamus, shi ma yana zaune a kujerarsa a ofishin rajistar ƙirƙire-ƙirƙire a birnin Bern, a 1907, ya faɗo masa cewa mutumin da ke faɗowa ba ya jin nauyin kansa. Masanin lissafi na Faransa Henri Poincaré ya ba da labarin yadda ya yi makonni yana fama da wata matsala, ya ajiye ta ya yi tafiya, yana ɗora ƙafa a matakalar motar haya ta dawakai amsar ta bayyana masa.

Ɗalibai na son waɗannan labarai, amma rabinsu suke ji. Daga lambun Newton zuwa littafinsa na 1687 wajen shekara 20 ce. Daga kujerar Einstein zuwa kammala nazariyyarsa kan jan ƙasa a 1915 shekara 8 ce, ciki har da komawa ɗalibi wurin abokinsa Marcel Grossmann don koyon wani reshen lissafi da bai iya ba. Poincaré da ya dawo gida sai da ya zauna ya tabbatar da amsar a rubuce. A 1926 masanin Ingila Graham Wallas ya jera matakan warware matsala guda huɗu: shiri, ajiyewa, bayyanar amsa, tabbatarwa. Natsuwa tana aiki ne a kan abin da ka riga ka wahala a kansa. Wanda bai buɗe littafi ba, ko ya kwana zaune ido rufe, babu abin da zai fito.

Wace irin natsuwa kake nufi, kuma yaya ake yin ta?

Abu mai sauƙi nake nufi. Kafin ka fara karatu, ka kai waya wani ɗaki. Kashe ƙararta ka bar ta a aljihu bai isa ba. Zauna a tabarma ko kujera, bayanka a miƙe. Mayar da hankali kan numfashinka, shigarsa da fitarsa, ba tare da ka tilasta shi ba. Cikin 'yan sakanni hankalin zai gudu: kuɗin rajista, wasan ƙwallon jiya, maganar da wani ya faɗa maka. Da ka lura ya gudu, dawo da shi ba tare da faɗa da kanka ba. Wannan dawowar ita ce atisayen, kuma ita ce za ta cece ka a ɗakin jarrabawa in zuciyarka ta fara bugawa a tambaya ta uku. Minti biyar ya isa a farko.

Mai koko ba ta matsa wa ƙullu ya kwanta. Tana tacewa ta ajiye, gasara ta sauka ƙasa da kanta, ruwa ya tsaya garau a sama. Haka kai yake in an daina motsa shi.

Sai mataki na biyu, wanda na fi ba muhimmanci ga ɗalibin fiziks. Bayan numfashi ya daidaita, ɗauko tambaya ɗaya tak ka kalle ta da idon zuci, ba biro ba kalkuleta. Ga dutse ya bar hannu yana hawa. Gudunsa na raguwa. Ya kai ƙololuwa, ya tsaya na ƙiftawar ido. A daidai wannan lokacin, akwai abin da ke jan sa? Ɗalibai da yawa kan ce babu, tunda gudunsa sifiri ne. Wanda ya kalli abin a natse zai gane cewa da jan ya tsaya, da dutsen ya maƙale a sama. Lokacin da ya fi dacewa a nan garin shi ne bayan sallar asuba, kafin babura da injinan niƙa su tashi.

Malam, wannan bai saɓa wa addini ba?

Iyaye ne suka fi yin wannan tambayar, kuma suna da hujja. Wasu nau'o'in zaman shiru da ake tallatawa a intanet sun fito ne daga ibadun addinin Buda da na Hindu, wasu ma har da kalmomin da ake maimaitawa. Ba na koyar da waɗannan. Hukuncinsu na malamai ne, kuma Zariya ba ta rasa malamai ba, sai a tambaye su.

Mu ma ba baƙi ba ne a wannan fage. Aya ta 190 da 191 a Suratu Ali Imrana sun yabi masu ambaton Allah a tsaye da zaune da kishingiɗe, masu tafakkuri cikin halittar sammai da ƙasa. Imam Gazali ya ware babi guda a kan tafakkuri a cikin littafinsa Ihya'u. Kushu'i a salla, zikirin safiya da maraice, i'itikafi a goman ƙarshe, duk tarbiyya ce ta tattara zuciya wuri ɗaya. Ɗalibaina Kiristoci daga Wusasa da Sabon Gari su ma suna da lokacin addu'a cikin shiru. Abin da nake jan kunne a kai shi ne kada a mayar da ibada dabarar cin jarrabawa. Ana salla ne don Allah. In ta bar maka natsuwar da ta taimake ka a karatu, wannan ƙari ne daga falalarsa.

Wasu kuma kan ji tsoron cewa sanin dokar jan ƙasa zai rage musu imani. Ni ƙara min yake yi. Dokar tana bayyana yadda abin ke gudana ne da ma'auninsa. Newton kansa ya rubuta a 1713 cewa ya fitar da lissafin jan amma bai gano musabbabinsa ba, kuma ya rayu yana mai imani da Mahalicci.

Kimiyya ta tabbatar zaman natsuwa na ƙara basira?

Ba kamar yadda ake zuzutawa ba. Binciken zamani a kansa ya yi ƙarfi ne bayan Jon Kabat-Zinn ya fara shirinsa na rage damuwa a Jami'ar Massachusetts a 1979. A 2014 masu bincike a Jami'ar Johns Hopkins suka tattara gwaje-gwaje 47 suka duba. Sun sami matsakaiciyar hujja cewa yana rage fargaba da baƙin ciki da jin ciwo. Game da ƙara mayar da hankali kuwa, hujjar ba ta isa ba. Don haka ba na yi wa kowa alkawarin zai zama haziƙi. Abin da na gani a aji shi ne yaron da ya rage firgici yana karanta tambaya har ƙarshe, kuma wannan kaɗai maki ne mai yawa.

Wani gargaɗi: akwai bambanci tsakanin tafakkuri da zullumi. In zaman shiru yana ƙara maka ƙunci, ko kana fama da rashin barci da damuwa mai tsanani, bar shi ka ga likita.

Yaya zan tunkari tambayar lissafi in ta zo?

George Pólya, masanin lissafi ɗan Hungari, ya tsara hanyar a 1945: fahimci tambayar, tsara dabara, aiwatar, sannan waiwaya. Bari mu gwada da rijiya. An saki tsakuwa daga baki, bayan sakan 2 aka ji ta taɓa ruwa. Nawa ne zurfin?

Kada ka taɓa fomula tukuna. Zana rijiyar, sa ɗigo a bakinta, ja kibiya ƙasa. Rubuta abin da aka ba ka: lokaci sakan 2. Sai abin da ba a faɗa ba amma yana ciki: an ce saki aka yi, ba jifa ba, ke nan gudun farko sifiri ne. A nan ne rabin aji ke ɓata. Kafin ka lissafa, yi kintace. Igiyar gugan gidanku ta kai mita nawa? Amsa tana wajajen goma zuwa talatin.

Yanzu dabara. Nisa shi ne rabin 9.8 sau lokaci sau lokaci: 4.9 sau 4, mita 19.6.

Waiwaye shi ne matakin da kusan kowa ke tsallakewa. Bi ta wata hanya ka gani ko za ku haɗu. Tsakuwar ta fara da sifiri, ta ƙare da gudun mita 19.6 a sakan, matsakaicin gudunta 9.8 ke nan, sau sakan 2, mita 19.6. Hanya biyu, amsa ɗaya. Na taɓa karɓar takardar wani yaro mai ƙoƙari da ya rubuta mita 1,960, ya ja wa amsar layi biyu da rula, tsaf. Ɗigo ne ya zame masa a kalkuleta. Zariya kanta ba ta kai mita 700 bisa teku ba. Da ya ajiye biro ya yi numfashi uku ya tambayi kansa ko ya taɓa ganin irin wannan rijiyar, da ya kama kuskuren da kansa.

Na haddace fomula duka, amma da an juya tambaya sai in rikice. Me ya sa?

Mu mutanen hadda ne, kuma baiwa ce da ba na so a raina. Sai dai fiziks yana neman wani abu bayan hadda. A 1981 Michelene Chi da abokan aikinta a Jami'ar Pittsburgh sun ba ƙwararru da sababbin ɗalibai tarin tambayoyin fiziks su rarraba. Sababbi suka rarraba bisa kamanni: waɗannan na gangare ne, waɗannan na igiya da ƙwarƙwaro. Ƙwararru suka rarraba bisa dokar da ke ƙarƙashi, ko da zanen bai yi kama ba.

Saboda haka in ka gama tambaya kada ka ruga ta gaba. Tambayi kanka wace doka ce ta warware ta, kuma me zai canja in an kai rijiyar doron wata, inda jan yake kashi ɗaya cikin shida na nan. Sannan ka bayyana wa ƙaninka da Hausa, ba tare da duba littafi ba. Inda harshenka ya sarƙe, nan ne ba ka gane ba. Tambaya biyar da aka yi wa haka sun fi hamsin da aka kwafe.

In na cije a kan tambaya, in ci gaba ko in tashi?

Yi fama da ita da gaske tukuna, kamar minti 20 zuwa 30. In ka ga kana maimaita hanya ɗaya, rubuta a layi ɗaya ainihin inda ka maƙale, sannan ka tashi. Yi alwala, taka zuwa bakin titi, ɗebo ruwa. Kada ka ɗauki waya, domin ita cika kai take yi da sabon kaya.

Barci ma aiki yake yi. A wani gwaji a Jami'ar Lübeck ta Jamus da aka wallafa a 2004, an ba mutane aikin lambobi mai ɓoyayyar gajeriyar hanya. Waɗanda suka yi barcin sa'a 8 kafin su dawo kansa sun gano hanyar fiye da ninki biyu na waɗanda ba su yi ba. Shi ya sa raina ke ɓaci in na ga yara a Samaru da Kongo suna kwana a aji da goro da kofi har asuba ranar jarrabawa. Masu kai wa ga ƙwaya don su hana ido barci kuwa, ina roƙonsu da girman Allah su bari.

Malam, 'yata ta ce fiziks na maza ne. Me zan ce mata?

Hajiya, ki ba ta labarin Katherine Johnson, baƙar fata 'yar Amurka, wadda ɗan sama jannati John Glenn ya nemi ta duba lissafin kwamfuta da hannunta kafin ya zagaya duniya a 1962. Da Andrea Ghez, wadda ta sami kyautar Nobel a 2020 saboda bin sawun taurarin da ke kewaya baƙin ramin da ke tsakiyar rukunin taurarinmu, wato wurin da jansa ya yi ƙarfin da ko haske ba ya kuɓuta. Sannan ki rage mata aikin gida na sa'a ɗaya kullum ta samu ta zauna da littafinta. A ajina wannan sa'ar ce 'yan mata suka fi rasawa.

An ce Einstein ya ƙaryata Newton. Haka ne?

Ya faɗaɗa shi ne. Lissafin Newton ne ya nuna inda za a nemi duniyar Neptune, aka kuwa same ta a 1846, kuma har yau da shi ake harba taurarin ɗan Adam. Amma ya gaza bayyana wata 'yar karkata a kewayen duniyar Mercury. Einstein ya ce abu mai mas yana lanƙwasa sarari da lokaci a kewayensa, abin da ke faɗuwa kuma yana bin hanya mafi miƙewa ce a cikin lanƙwasasshen wuri. Mutum biyu, ɗaya a Zariya ɗaya a Dakar, in kowa ya miƙe arewa bai karkata ba, za su haɗu a ƙuryar arewacin duniya ba tare da wata igiya ta ja su ba. Siffar doron ce ta haɗa su.

An yi ɗaya daga gwaje-gwajen farko a maƙwabtanmu. Ranar 29 ga Mayu 1919 Arthur Eddington ya ɗauki hoton husufin rana a tsibirin Principe da ke mashigin tekun Gini, wata tawagar kuma a Sobral ta Birazil, aka ga hasken taurari ya karkata da ya gifta kusa da rana. Yau abin yana aljihunka. Agogon taurarin GPS, da ke kusan kilomita 20,200 a sama, yana gaba da namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana. Da ba a gyara wannan, da taswirar waya ta riƙa kuskure da kusan kilomita 10 a yini. A ranar 14 ga Satumba 2015 kuma na'urorin LIGO a Amurka suka kama girgizar sarari daga karon baƙaƙen ramuka biyu, shekara ɗari bayan nazariyyar da ta yi hasashenta.

Wane amfani wannan zai yi min a nan Zariya?

Duba tankin ruwan unguwarku. Ana ɗaga shi sama ne don jan ƙasa ya tura ruwa cikin famfo ba da wuta ba, kuma tsawonsa ne ke ba ruwan ƙarfi, ba faɗinsa ba. Injin da ke zuƙo ruwa daga sama ba ya iya wuce kusan mita 10, shi ya sa a rijiyar burtsatse ake zura injin can cikin ruwa ya turo shi. Ɗaliban Kwalejin Koyon Tuƙin Jiragen Sama da ke nan tun 1964 kullum lissafin nauyi da daidaiton kaya suke yi kafin su tashi.

Magabatanmu ma sun yi wannan karatun da hannunsu. Babban Gwani Malam Mika'ilu, wanda ya gina tsohon Masallacin Juma'a na birnin Zazzau a wajajen 1830 zuwa 1840, ya ɗaga rufin ƙasa mai nauyi a kan bakan gizo: azara ake jerawa hawa-hawa, kowane jeri ya ɗan zarce na ƙasa da shi, a ɗaure a lulluɓe da ƙasa, nauyin ya bi lanƙwasar ya sauka cikin ginshiƙai. Ginin ya yi kusan shekara 190 yana ɗauke da kansa. Ruftawar wani sashensa a watan Agustan 2023, Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu, ta tuna mana cewa jan ƙasa ba ya hutu dare da rana, kuma muna buƙatar 'ya'yanmu su zama injiniyoyin da suka san ginin ƙasa da na siminti duka.

Zan iya auna jan ƙasa da kaina a gida?

Ƙwarai kuwa, kuma ina so kowane ɗalibina ya yi. Nemo zare mai ƙarfi da ƙaramin kwaɗon ƙofa. Ɗaura kwaɗon, rataya zaren a ƙusa a bakin ƙofa inda ba zai goga bango ba. Auna mita ɗaya daidai daga ƙusar zuwa tsakiyar kwaɗon, ba zuwa samansa ba. Ja shi gefe kaɗan, kamar faɗin tafin hannu, ka saki ba tare da turawa ba. Zuwa da dawowa lilo ɗaya ke nan. Ƙirga lilo 20 da agogon waya, ka fara ƙirga daga sifiri lokacin da ka danna. Za ka sami kusan sakan 40, wato sakan 2 kowane lilo.

Ninka tsawon zaren da 39.5, ka raba da lokacin lilo ɗaya sau kansa. Amsa za ta faɗo kusa da 9.8. A Zariya ainihin lambar wajen 9.78 ce, ƙasa kaɗan da 9.83 na ƙuryar arewacin duniya, saboda muna kusa da layin da ya raba duniya arewa da kudu, inda juyawar duniya da kumburinta ke rage nauyi. In ka sami 9.2 ko 10.5, sake auna zaren, domin yawanci nan matsalar take. Rufe taga saboda iska, maimaita sau uku ka ɗauki matsakaici. Daga nan sai ka canja kwaɗon da wanda ya fi shi nauyi, tsawon zare bai canja ba, ka rubuta hasashenka a takarda kafin ka sake shi.